Gonar Baba da Dutsen Arfa

Mu mutanen shimfiɗaɗɗiyar ƙasa ne. In ka tsaya a bayan gidanmu, a ƙauyenmu da ke gaba da Ungogo kaɗan, ba abin da zai tare maka ido sai ɗorawa da kuka da rumbunan mutane, gona manne da gona har iyakar ganinka. Tudun da ya fi kowane tsayi a unguwarmu suri ne. Duwatsun Fanisau kaɗai muka sani a kusa, su ma sai in biki ya kai mu. Dala da Goron Dutse kuwa sai ranar da aka shiga birni, a hango su ta tagar mota a nuna wa yara. Don haka da wani ya ce mini dutse ne zai yi mana barazana da gonarmu, dutsen ma na wata ƙasa, da na ce ya je a duba masa kansa.

Gonar guda ɗaya ce ta rage mana. A da biyu ne. Baba ya sayar da ta nesa, ya haɗa da bijiman da ya daɗe yana kiwo, ya biya kujerar Makka, kuma ba wanda ya ce uffan, don burinsa ke nan tun muna yara. Wadda ta rage ita ce ta gado, mai ɗorawa a kusurwar gabas. Daga cikinta ake cika rumbu. Daga cikinta nake samun gyaɗar da nake matse mai ina soya ƙuli, sana'ar da nake riƙe 'ya'yana da ita tun da mahaifinsu ya rasu na dawo gida. In babu gonar nan, to, gidanmu ya koma cin awo, kuma na san ba mu da aljihun awo.

Shekarar da Baba ya tafi, aikin Hajji ya faɗo a farkon damina. Ƙannena maza suka yi shuka da noman fari, ni na bi da wake. Su biyu suka tafi daga ƙauyenmu, Baba da maƙwabcinmu da muke ce wa Baba Alhaji, don shi wannan zuwansa na biyu ke nan. Sa'an Baba ne, tare suka yi ƙuruciya, amma ya daɗe da jingine fartanya. Tun da birni ya fara rarrafowa wajenmu, gidajen bulo suna haɗiye gonaki, ya zama dillalin filaye. Mutum ne mai daɗin baki. Ni dai tun can jinina bai haɗu da nasa ba, kuma ban iya ɓoye abu a fuska ba.

Ranar da suka sauka gari ya cika. An yi shara, an toya waina, an shimfiɗa tabarmi har waje. Baba Alhaji ya fito daga mota da makawiya a ka, sabon haƙori yana ƙyalli. Baba ya fito a bayansa da tsohuwar hular da ya tafi da ita, ya rame, wuyansa ya yi tsawo. Ana ta yi masa "Alhaji, barka da sauka," shi kuwa sai ya ce "yauwa" ƙasa-ƙasa yana kallon takalminsa. Na ce a raina gajiyar hanya ce, in ya sha fura ya kwana biyu zai warware.

Al'adarmu, wanda ya dawo daga Makka yakan zauna a zaure kwana da kwanaki. Mutane su zo, a kurɓi zamzam a ɗan kofi, a ɗauki dabino da bagaruwa, a roƙi addu'a, shi kuma ya ba da labari. Labarin da mutanenmu suka fi so kuwa shi ne na duwatsu. Mutumin da bai taɓa hawa abin da ya fi rumbu tsayi ba, ba abin da ke burge shi kamar ya ji wani ya hau dutse ya sauko lafiya. Zaurenmu na fuskantar na Baba Alhaji. Nasa kullum cike, namu kuwa yana ta raguwa, don mutum ya zo ya gaisa, ya jira labari, ya ji shiru, sai ya shafa addu'a ya tsallaka.

Ina daga tsakar gida ina gyaran gyaɗa nake jiyo muryar Baba Alhaji. Ya ce Uhudu a Madina yake, dogo ne a kwance, launinsa ja-ja. Ya ce Dutsen Hira yana gefen Makka, a tsaye yake ƙyam, wanda bai da ƙwarin gwiwa kada ma ya soma. Ya ce akwai na Saur ta kudancin gari. Wani tsohon direba da ke wurin ya ce to, a kwatanta masa da abin da ya sani: sun kai Zuma da ke hanyar Abuja? Sun kai na Kwatarkwashi da ake wucewa in za a Gusau, ko Kufena na Zariya? Aka yi ta musu, kowa na auna dutsen da bai taɓa gani ba da wanda ya taɓa hangowa. Amma duk inda hira ta zaga sai ta dawo kan Dutsen Arfa, wanda ke bayan gari, wanda muke gani a kalanda mutane sun lulluɓe shi da fararen kaya. Baba Alhaji ya ce rana na dukan ƙwaƙwalwa ya kutsa, ya hau har ƙoli, ya dafa farin ginshiƙin nan da hannunsa. Kullum ya maimaita labarin sai dutsen ya ƙara tsayi.

Wata rana da hantsi ya tsallako zaurenmu da 'yan rakiyarsa. Na kawo musu shayi, ina durƙushe a bakin ƙofa ina zubawa, sai wani dattijo ya dubi Baba ya ce, "Alhaji, kai ma ka hau har saman?"

Kafin Baba ya buɗe baki, Baba Alhaji ya yi caraf ya ce, "Ku bar shi ya huta, hanya ta ba shi wuya." Sannan ya kalli Baba, Baba ya kalli tabarma. Kallon bai fi ƙiftawar ido ba, amma na gan shi. Na ce mutanen nan akwai abin da suka ƙulla a can wanda ba su kwance mana ba.

Sai dai tambayar Baba ba abu ne mai sauƙi a gare ni ba, don ni ce 'yar fari. Bai taɓa kiran sunana ba tun da aka raɗa shi. In yana nemana sai ya ce wa Inna, "Ina yarinyar nan?" alhali ina da 'ya'ya har da mai shirin gama sakandare. In ina da magana da shi kuwa, sai in zauna kusa da Inna in yi kamar da ita nake, shi ma ya ba da amsa yana kallon bango. Ita Innar ma sai da na haihu ta fara sakin jiki da ni. Haka muka tashi, kuma ban taɓa jin nauyin abin ba sai a wannan daminar.

Zargin farko da ya zo mini, Allah Ya yafe, shi ne ko Baba bai ma isa ƙasar ba. Ana jin labarin waɗanda ake yaudara a bar su a hanya. Na ce bari in gwada shi. Ran nan yana cin tuwo a gindin rumfa, na zauna gefen Inna na ce, "Inna, ni kam Uhudun nan da ake faɗa, a Makka yake ko?"

Baba ya ajiye lomarsa. Yana kallon bango ya ce, "A gaya mata a Madina yake. Mota ta kai mu gindinsa da safe. Akwai wani ɗan tudu a gabansa, akwai maƙabarta an kewaye." Har ya ɗan saki fuska, ya ce ƙasar wurin ko gyaɗa ba za ta yi ba, tsakuwa ce zalla. Inna ta yi dariya. Na ji sanyi a raina, na ce to, ya je. Sai na ƙara da cewa, "Inna, shi kuma na Arfan fa, daga samansa ana hango Makka?"

Ya wanke hannu ya tashi, tuwon ko rabi bai ci ba. Inna ta harare ni ta ce bakina ba ya gajiya.

Daga ranar na sa ido. Na lura ya hana yaran gida ce masa Alhaji, ya ce su ci gaba da Babansu. Makawiyar da ƙannena suka saya masa tana rataye a ƙusa ƙura na hawa. Inna ta raɗa mini cewa in ya idar da salla yakan daɗe a zaune bai ɗaga hannu ba, kamar wanda ya zo roƙo ya ji kunya. Na yi tunanin ko wani abu ya ɓata masa a can, ko ya yi faɗa da wani yana cikin harami, don Baba yana da zuciya, a wurinsa na gado tawa. Na yi tunanin ko ciwo likitocin can suka gano masa yake ɓoyewa. Kowane zargi na ɗauka sai in ga bai zauna daidai ba, sai guda ɗaya: duk abin da ke damunsa, Baba Alhaji ya san shi.

Gero ya fara fitar da kai lokacin da na fara ganin baƙo a gonar. Na je yankan ganyen wake da yamma, sai na hango mutum uku a kan iyakar gonarmu ta yamma, inda gamba ta yi layi. Ɗaya Baba ne. Ɗaya Baba Alhaji, yana ta nuni da carbi. Na ukun wani mai farar shadda ne da takalmi sau ciki, yana ɗaga ƙafa kamar ƙasar za ta ƙone shi. Wanda ya zo ganin amfanin gona yakan duba kan gero, ya tona gindin gyaɗa. Wannan bai kalli shuka ko ɗaya ba. Hanya yake kallo, da turakun lantarki da suka tsaya a unguwar gaba. Na tsuguna cikin dawa har suka tafi.

Na dawo gida na sami Inna na ce, "Gonar za a sayar."

Ta yi salati, ta ce in rufe bakina. Amma ba ta ce ƙarya nake ba. Ta ce ita ma ya ce mata yana da wata lalura, da ta tambayi wace iri sai ya ce tsakaninsa da Ubangijinsa ne. Ƙannena da na gaya musu, ɗaya ya ce gonar Baba ce, ba mu da ta cewa. Ɗayan, mai tuƙa adaidaita sahu a birni, har wani murmushi ya yi, na san lissafin sabon keke yake a ransa. Na wanke su tas. Na ce ranar da rumbu ya koma ɗakin kaji, su zo su gaya mini ko taya ake tuƙawa a yi tuwo.

Baƙon da Baba Alhaji suka sake zuwa, wannan karon da masu awo da doguwar igiyarsu. Suka tattake mini wake. Ban jira komai ba na ɗauki mayafi na tsallaka gidan Baba Alhaji. Na same shi a zaure shi kaɗai yana danna waya. Na durƙusa na gaishe shi yadda ya kamata, na tambayi iyali, sannan na ce, "Baba Alhaji, me Babanmu ya yi maka?"

Ya ce, "Subhanallahi, 'yata, wace irin magana ce wannan?"

Na ce, "Lafiya lau ya bar gidan nan. Tare kuka tafi, tare kuka dawo, ya dawo ba ya ci ba ya magana, yanzu kuma ga ka da igiya a gonarsa. Gonakin garin nan duk ba su ishe ka ba sai ta amininka? In wani abu ka riƙe a kansa, ka faɗa mini, ni zan iya ji."

Ya ɗaga hannu biyu ya ce wallahi shi bai nemi gonar ba. Baba ne ya same shi da kansa ya ce a nemo masa mai saye, kuma ya ba shi haƙuri har sau biyu ya ƙi. Na ce to don me zai sayar? Ya ce, "Wannan kuma sai ki tambayi mahaifinki." Ya san sarai ba zan iya ba. Na tashi ko sallama ban yi ba, ina jin sa yana cewa 'ya'yan yanzu ba kunya.

Na kwana biyu ina juya abin. Daga ƙarshe na tuna da Malam Liman. Tsoho ne, ya girmi Baba, shi ya ɗaura mini aure, kuma shi kaɗai na san in ya ce wa Baba zauna zai zauna. Na je ta wajen matarsa, aka yi mini iso. Na gaya masa duk abin da na gani, har da zargina a kan maƙwabcinmu. Ya ce in bar zargi, ba kyau. Na ce Allah gafarta Malam, zan bari ranar da aka bar mana gona. Ya yi murmushi ya ce zai shigo gobe bayan la'asar. Na so in ce ya zo yau, amma na riga na yi rashin kunya da yawa a mako guda, sai na yi godiya na fito.

Washegari da safe Baba ya sa babbar riga ya fita, bai dawo ba sai wajen azahar. Bayan la'asar Malam ya yi sallama. Suka zauna a zaure. Ni da Inna muka rakuɓe a bayan ƙofar da ke shiga gida, tana riƙe da tsintsiya don in an gan mu a ce shara muke.

Malam bai yi kwana-kwana ba. Ya ce ya ji ana awon gona, kuma shi a saninsa ba bashi a kan Baba, ba shari'a, ba mara lafiya a asibiti. Ya ce, "Mene ne, ɗan'uwa?"

Sai na ji muryar Baba, ta canza kamar ba tasa ba. Ya ce, "Malam, komawa zan yi. Ban yi aikin Hajji ba."

Inna ta damƙe mini hannu.

Baba ya ce ranar Arfa, mota ta sauke su da hantsi a tantinsu, dutsen yana can nesa, sai dai a nuna maka wajen da yake. Zafi kamar a bakin murhu. Ya yi niyyar bin Baba Alhaji su tafi su hau, ya miƙe, sai ƙasa ta juya masa. Aka ɗauke shi zuwa tantin likitoci, aka sa masa ƙarin ruwa. Nan ya wuni a kwance, idonsa biyu, yana jin mutane suna ta addu'a a waje, shi kuwa rufin tanti kawai yake kallo. Sai bayan rana ta faɗi aka tallabe shi aka sa a mota. Ya ce, "Ko da ido ban ga dutsen ba, Malam, balle in taka shi. A wajen bitar maniyyata na ji da kunnena an ce wanda Arfa ta kuɓuce masa ba shi da Hajji. Kawuna da ya je tun zamanin da, labarin hawan dutsen nan ya yi ta ba mu har ya rasu. Na sayar da gona da shanu na je na kwanta. Na dawo mutane suna sha mini zamzam suna ce mini Alhaji. Kullum aka faɗa sai in ji kamar kayan wani na sata."

Malam ya ce, "Tsaya. Tantin likitocin nan, a cikin filin yake ko a waje?"

Baba ya ce a ciki, bai fi daga nan zuwa masallaci ba daga nasu tantin.

"Kana cikin haraminka?"

"Ina ciki."

"Har rana ta faɗi kana wurin?"

"Har duhu ya fara."

Malam ya tambaye shi sauran ayyukan ɗaya bayan ɗaya. Baba ya ce jifa Baba Alhaji ne ya yi masa saboda jiri, ɗawafi da sa'ayi kuwa da ƙafarsa ya yi da ya samu sauƙi. Sai na ji Malam ya yi wata 'yar dariya mai kama da kuka. Ya ce, "Haba ɗan'uwa. Kasancewa a filin shi ne aikin, a tsaye ko a zaune ko a kwance. Hawa dutsen ba ya cikin farilla, ba ya cikin sharaɗi. Yawancin alhazai ba sa ko zuwa kusa da shi. Ni kaina da na je ban hau ba. Hajjinka ya cika, sai fatan Allah Ya karɓa. Me ya hana ka tambaya?"

Baba ya ce, "Da wane bakin?"

Ban taɓa jin kukan mahaifina ba sai ranar. Ba mai sauti ba ne, numfashi ne kawai ke sarƙewa. Inna ta saki tsintsiya ta toshe bakinta da mayafi. Ni kuwa daɗi ya rufe ni, na ce alhamdu lillahi, ya samu Hajjinsa, mun samu gonarmu. Ban san lokacin da na tura ƙofa na faɗa zauren ba. Na durƙusa, kuma a karo na farko a rayuwata na dubi fuskarsa na yi masa magana kai tsaye. Na ce, "Baba, to sai a gaya musu an fasa."

Ya share ido da hannun riga. Bai kalli bango ba, ni ya kalla. Ya ce, "Da safen nan na ce na sallama. A gaban mai unguwa da shaidu. Na karɓi kafin alƙalami, an shafa fatiha."

Na ce a mayar musu da abinsu. Na ce ai bisa kuskure aka yi, kowa zai gane. Na juya ga Malam na ce ya sa baki. Malam ya ce ana iya roƙon mai saye, in ya yarda don kansa ya janye, ba laifi, har lada zai samu. Baba ya girgiza kai. Ya ce shi bai taɓa sallama abu ya dawo yana lashe maganarsa ba, ko akuya ce. Ya ce, "Yanzun nan aka gaya mini Allah bai mayar da ni hannu wofi ba. Kina so abin da zan fara yi da shi ya zama tashin magana?"

Na yi kuka, na yi magiya, na faɗi maganganun da 'yar fari ba ta faɗa wa uba. Bai tsawata mini ba, bai kuma sauya ba. Malam da kansa ya je ya sami mai farar shaddar nan a ɓoye, ya dawo ya ce mutumin ya ce ya riga ya yi wa wasu alkawarin fulotai, sai dai ya bar mu mu kwashe amfanin bana.

Har yau ban san iyakar abin da Baba Alhaji ya sani ba. Ya rantse mini, ya rantse wa Inna, cewa bai taɓa kawowa a ransa abin da ke cin Baba ke nan ba, shi ya ɗauka kunyar faɗuwa a gaban mutane ce kawai. Wataƙila gaskiya ne. Amma zuwansa biyu, ya fi kowa sanin alhazai nawa ke wuni a tanti ba su je ko'ina ba. Yana tsaye aka ɗauki amininsa zuwa wajen likita. Ya dawo ya zauna a zauren da ke kallon namu yana ta hawa dutsen nan safe da yamma da babbar murya, kuma da aka zo sayar da gona bai ƙi la'adarsa ba. Muna gaisawa. In ya ce "'yata," ina amsawa, amma ban ƙara aika masa da ƙuli ba.

Mun yi girbi a gurguje, mun tuge gyaɗa tun ba ta gama ƙosawa ba, don tifa ta fara sauke yashi a bakin hanya. Ranar da masu awo suka zo kafa turakun siminti, Baba ya ce shi zai zaga da su da kansa, kada su ci iyakar maƙwabta. Na bi su a baya da kwandon roro. Yana tafe yana dogara sanda, yana nuna musu: nan gamba ce iyaka, nan kututturen kuka, nan ku ja baya kaɗan, na marayu ne. Duk inda ya nuna sai su haƙa su dasa. Da suka iso kusurwar gabas ya tsaya a gindin ɗorawar, ya ɗaga kai ya daɗe yana dubawa. Ya ce wa shugabansu ko za a bar wannan ta kai bazara, 'ya'yanta su nuna, iyali su samu na daddawa ko sau ɗaya.

Mutumin ya duba takardarsa ya ce, "Ai Baba, ta nan titi zai bi. Jibi masu inji za su zo."

Baba ya ce, "To."

Ya juyo ya ce mini in je in gaya wa Inna ta aiko a kwashe itacen, kada a bar wa mutane.